Shekarar Da Na Ƙi Kashe Sabi'u

Ummi, Khalifa, na san watarana wani zai gaya muku wai an sauke uwarku daga kujerar edita ne saboda ta yarda da fatalwa. A gidan suna na taɓa ji ana faɗa a bayana, har da dariya ƙasa-ƙasa. To gara ku ji daga bakina. Ba zan tsaya jero muku makarantun da na yi ba, takardun na cikin akwati in kuna son gani. Abin da za ku riƙe shi ne na shiga gidan jarida ina 'yar yarinya, mai duba kurakurai kafin a kai ɗab'i. Daga nan aka tura ni kotu, na daɗe ina zaune a benci ina rubuta rigimar fili da ta gado har na iya gane mai ƙarya tun daga yadda yake gyara hula. Sai teburin labaran ƙananan hukumomi. Sai rannan Oga, mai jaridar, ya kira ni ya nuna min kujerar. Jaridar Hausa ce ta mako-mako a nan Kaduna, mu rufe shafi ranar Alhamis ta fito Juma'a. Na so aikin nan ba kaɗan ba. Warin tawada, ƙarar janareta, faɗa da masu talla a kan rabin shafi, duk na so su.

Amma zancen ba daga ofis ya faro ba. Daga Iya ya faro, kakata ta wajen uba, wadda ba ku riske ta ba. 'Yar wani ƙauye ce kusa da Kazage, can ƙasar Birnin Gwari, tsufa ne ya kawo ta gidanmu a Tudun Wada. Iya tana da wata ɗabi'a da muke yi wa dariya: ba ta barin sallama ta faɗi ƙasa. Ko a rediyo mai shiri ya yi sallama sai ta amsa da ƙarfi. Ko maƙwabta ake yi wa, ta katanga, sai ta amsa. Ranar da na sami aiki na zo da gudu na gaya mata, tana tsince shinkafa a faifai. Na yi zaton za ta yi guɗa. Sai ta ajiye faifan.

"Aikin mene ne kuma jaridar?"

"Kai labari, Iya. Abu ya faru, mu rubuta, mutane su karanta."

"Har mutuwa?"

"Har mutuwa mana."

"To aikin Jatau ya dawo gidan nan ke nan. Zauna."

Jatau kakanta ne. Zamaninsu kafin zuwan Turawa ne, lokacin da mahara ke ratsa dajin nan a kan dawakai suna kwashe mutane su sayar. Ƙauyensu a cikin dajin yake, kuma kowane ƙauye na da mutum guda mai ƙafa, wanda ke wuni a kan dutse ko a kan itace yana duba ƙura, in ya hango ya rugo ya faɗa, kowa ya shige duhuwa. Jatau ne nasu. Maganarsa ba a tambayar ta, don in aka tsaya tambaya an makara. Wata rana bayan mahara sun wuce, ya bi ta bakin rafi ya tsinci hular wani manomi mai suna Tanko, jini ya jiƙa ta, ga fartanyarsa a gefe. Ya ɗauko hular ya rugo, ya tsaya ƙofar masallaci ya ce Tanko ya mutu. Aka yi masa salla babu gawa. Matarsa ta yi takaba, 'yan'uwa suka raba gona. Damina ta zo ta wuce, wata ma ta zo ta wuce. Sai rannan, rana tsaka, wani ramammen mutum ya tsaya bakin gari ya yi sallama, kuma muryar ta Tanko ce.

Iya ta ce babu wanda ya amsa. Mata suka ja yara ɗaki. Limamin da ya sallace shi ya juya fuska ga bango. Tanko ya bi gida-gida har nasa gidan yana sallama, yana cewa sayar da shi aka yi can nesa, gudowa ya yi. Dattawa suka ce ai haka matattu ke faɗa, duk wanda ya amsa masa ya kira shi ciki ke nan. Sai ya kafa bukka a gindin wata kuka bayan gari. Akan ajiye masa tuwo a kan dutse, amma magana babu. Kullum rana tsaka sai ya shigo ya bi ƙofofi yana sallama, ya koma.

"Shi Jatau fa?" na tambaye ta. "Ai shi ya san hula kawai ya gani."

"Ya sani. Amma in ya amsa ya ƙaryata kansa. Gobe in ya ce ga mahara, wa zai gudu? Sai ya zaɓi bakinsa ya bar Tanko."

Haka ake nan, har aka saba. Ana jin sallamar kamar yadda ake jin kukan kurciya. Sai wata rana wata mata ta leƙa ta tsagin zana lokacin da ake sallama a ƙofarta, ba ta ga kowa ba. Maza suka haɗu suka je bukkar. Suka tarar ya daɗe da rasuwa, har ya bushe a kan tabarmarsa. Amma duk tsawon lokacin nan sallamar ba ta yi fashi ba ko rana guda. Kafin kaka garin ya watse, aka koma inda ake yanzu, wurin ya zama kufai, Kufan Tanko. Daga nan mutanen wajen suka ɗaura wa kansu abu biyu. Duk wanda ya bi ta kufan zai amsa sallama, ya ji ko bai ji ba. Sannan ba a shelar mutuwar wanda daji ya ɗauka sai wani ya taɓa ƙafar gawar ya ji sanyinta.

Na ce mata to, Iya, na ji. A raina kuwa ina tunanin takalmin da zan sa ranar Litinin.

Yanzu ga shekarar. Muna da wakili a Birnin Gwari, Sabi'u. Siriri, mai surutu, ba ya iya rubutu mai tsafta amma babu ƙauyen da ba a san mashin ɗinsa ba. Rahotonsa da murya yake turo min a waya, akuya na kuka a bayansa, ni in zauna in mayar rubutu. In ya shigo Kaduna sai ya zo min da zuma a gora, ya durƙusa a tsakiyar ofis da gangan.

"Ranki ya daɗe Hajiya Edita, mai yanke wa talaka sakin layi."

"Tashi ka ba ni wuri. Labarin da ka turo shafi uku ne, babu ko sunan garin."

"Ai kin san garin. Ba ƙasarku ba ce? Ku ne kuka gudo birni kuka bar mu da sauro."

A farkon kakar nan ya ce min zai shiga wajen Gayam ya ji ta bakin manoman da masu bindiga suka hana girbi. Na ce ya yi hankali, irin maganar da ake faɗa baki kawai. Bai dawo ba. Wayarsa a kashe. Kafin mu gama kiraye-kiraye sai ga hoto yana yawo a kowane guruf: mashin ɗinsa a kwance a gefen wata hanyar ƙafa, hularsa a ƙasa, jini a jikinta. Kafin la'asar shafukan intanet duk sun buga cewa an kashe ɗan jarida. Da na buɗe hoton na ga hular, sai na ji kamar an zuba min ruwan randa a ƙeya. Iya ta yi shekaru da rasuwa, amma wallahi ƙarar shinkafarta a faifai na ji.

Yayansa Malam Iro ya kira ni. Shi ne ya tsinci mashin ɗin, shi ya ɗauki hoton. Ya ce liman ya ce a dakata, tunda babu gawa, a jira gidan aikinsa, su ne masu bincike. In jaridarmu ta tabbatar, za a yi masa salla, matarsa Maryam ta shiga takaba. Kun ga inda abin ya tsaya ke nan. Layi ɗaya a shafina shi zai fitar da Sabi'u daga cikin masu rai.

Oga ya shigo da kansa, abin da ba ya yi. Yana son shafin farko gaba ɗaya, hoto babba, baƙin layi kewaye.

"Yaronmu ne, Rakiya. Kowa ya buga sai mu? Za a ce ba mu damu da shi ba."

"Yallaɓai, wa ya ga gawa?"

"Wace gawa a dajin nan? Waɗanda ake kashewa a can kina ganin gawarsu?"

"To a ba ni mako guda. Zan rubuta cewa ya ɓace. Zan je da kaina."

Ya dube ni kamar na ce zan je duniyar wata. Amma ya yarda. Babanku bai so ba, ya ce hanyar nan ko maza addu'a suke yi kafin su hau ta. Na bar Ummi wajen Gwaggo, Khalifa kana ciki lokacin, ban ma gaya wa kowa ba tukuna. Na bi ayarin motocin da ake raka wa, babu mai magana a motar, kowa idonsa a kan itatuwa.

A Kazage, garin su Sabi'u, na sami gidansu cike da mata, an shimfiɗa tabarmi, ana jira kawai. Maryam na zaune a lungu, ba ta kuka, ba ta kuma daina kallon hannuna ba, kamar da jaridar na zo. Mahaifiyar Sabi'u, Inna, tsohuwa ce gajera mai kaifin ido. Ta tambaye ni 'yar gidan wa ce. Na faɗi sunan Iya da na ƙauyensu. Ta ƙura min ido.

"Jinin Jatau ce ashe. To ba sai na gaya miki aikinki ba."

Na ce wa Malam Iro ya kai ni inda ya ga mashin ɗin. Inna ta ce ƙafarta ƙafarmu. Ba nisa sosai, bayan gonaki ne, inda mata ke zuwa itace. Muna tafe ina yi masa tambayoyi.

"Malam, ka ga gawa?"

"Na ga jini."

"Ka ga inda aka ja mutum? Ko ƙasa sabuwa?"

"Hajiya, na ga jinin ƙanena a hularsa. Me kuma kike so in gani?" Ya tsaya a kan hanya. "Ba na barci. Yarinyar nan tana zaune, ba matar aure ba, ba mai takaba ba. Ku rubuta mu yi masa addu'a mu huta."

Ba mugu ba ne, ku gane. Gajiya ce. Ina cikin neman abin da zan ce masa sai na lura tsuntsaye sun yi shiru. Rana na tsakiyar kai, inuwarmu ta shige ƙarƙashin ƙafafunmu. Hanyar ta ratsa wani fili da ciyawa ba ta yi tsawo ba, ga tudun-tudun ƙasa a jere inda katangu suka narke, ga duwatsun niƙa a kife, ga wata ƙatuwar kuka rabinta ya mutu. Babu iska ko kaɗan. Inna tana ba ni labarin yadda Sabi'u ya ƙi cin tuwo da safen da ya fita, a tsakiyar maganar ta ce, "Wa alaikumus salam," ta ci gaba da zancen tuwo. Malam Iro ma ya faɗa ciki-ciki, bai ɗaga kai ba. Ni ban ji an yi sallama ba, wannan zan iya rantse muku. Abin da har yau yake tayar min da tsigar jiki shi ne na ji amsar ta fito daga bakina kafin in yi niyyar faɗa. Kuma da muka wuce, bayana ya yi nauyi, irin nauyin da kake ji in ka bar baƙo tsaye a zaure.

Inda mashin ya faɗi babu komai sai sawun tayoyi da yawa da suka nufi cikin daji. Na duba, na sake dubawa. Babu kabari, babu ƙashi, babu wari. Inna ta tsuguna ta shafa ƙasar.

"Ni ban ce yana da rai ba," ta ce. "Na ce ban taɓa ƙafarsa ba."

Na dawo Kaduna ranar rufe shafi. Mataimakina Garba har ya gama tsara shafin farko a kwamfuta, hoton Sabi'u yana dariya cikin baƙin layi. Na ce a cire. Oga ya sauko.

"Kin samo shi?"

"A'a."

"Kin samo wanda ya ce yana da rai?"

"A'a. Amma ban samo wanda ya ga gawarsa ba."

"Gwamnati ta yi ta'aziyya. Ƙungiyarku ta 'yan jarida ta yi ta'aziyya. Ke wace ce?"

"Ni ce mai sa hannu a shafin, yallaɓai. In muka buga, gobe Maryam ta shiga takaba."

Na yi kuskuren ba shi labarin Tanko a gaban mutane, ina zaton zai gane. Wani ya yi tari don ya ɓoye dariya. Oga ya ce shi jarida ya buɗe, ba zauren tatsuniya ba, in ba zan sa hannu ba akwai mai sawa. Na ɗauki jakata da kofin shayina na fito. Washegari a danjar kusa da kasuwa mai sayar da jarida ya manna min ita a gilashin mota, ga hoton nan cikin baƙin layi. Ranar aka yi wa Sabi'u salla.

Zaman gida ya yi min wuya, ba zan ɓoye ba. Wayar da ba ta hutawa ta koma sai Gwaggo ke kira. Na koma fassarar takardun mutane a falo, ina goyon ciki. Babu gidan jaridar da ya neme ni, labarin fatalwa ya riga ni zuwa ko'ina. Babanku bai taɓa yi min gori ba, sau ɗaya ne kawai, muna cin abinci, ya ajiye cokali.

"To yanzu in ya mutu ɗin fa, Rakiya? Kin bar kujerarki saboda gawa ke nan."

Na ci gaba da cin abincina. Shi ma bai sake tambaya ba. Ni kaina akwai ranakun da nake cewa wataƙila Oga ne mai gaskiya.

Aka haife ka, Khalifa. Damina ta zo ta wuce. Wata rana ina tsakar gida ina shanya, kana goye a bayana, Ummi na makaranta, unguwa shiru, rana tsaka. Sai na ji sallama a ƙofar gida. Murya ce a shaƙe, kamar an daɗe ba a yi amfani da ita ba, amma na san ta, na yi shekaru ina sauraron ta da akuya a bayanta. Rigar da ke hannuna ta faɗi. A nan ne na daina ganin laifin mutanen ƙauyen Iya. Ni da na bar aiki saboda na ce ba a tabbatar ba, ni ce harshena ya yi nauyi kamar dutse, ƙafata ta ƙi motsi, wani abu a cikina yana cewa kar ki amsa, in kin amsa kin kira shi ciki. Aka sake sallamar, a hankali fiye da ta farko, irin ta wanda ya fara cire rai.

Na amsa. Da ƙarfi na amsa, har ka farka kana kuka.

Yana tsaye a zaure, riga ta yi masa yawa, ga tabo daga goshi har cikin gashi. Abu na farko da na duba ƙafarsa ce, tana taka ƙasa, ga ƙura a kanta. Na kawo masa ruwa ya shanye, na ƙaro.

"Ranki ya daɗe," ya ce. "Na je ofis. Na yi sallama, maigadi ya bar geti a buɗe ya ruga. Na hau sama na sake yi. Garba ya zubar da shayi a kan kwamfuta. Duk suna tsaye suna kallona, babu wanda ya amsa. Sai na ga hotona a bango." Ya ɗan murmusa. "Duk hotunana a rasa wanda za a sa sai wanda hancina ya fito kamar gatari."

Na yi dariya, hawaye na zuba. Ya ce duka masu bindigar suka yi masa a kai ranar, suka tafi da shi, da suka ga ya iya gyaran mashin sai suka riƙe shi. A gida kuwa an raba ɗan abin da ya bari, Maryam ta gama takaba ta yi aure a Funtuwa, malamai na kan duba lamarin, shi dai bai ga laifinta ba. Inna ce kaɗai ta hana a taɓa ɗakinsa.

"Ita ta ce in zo. Ta ce duk Kaduna ke kaɗai ce ba ki kashe ni ba."

Na tambaye shi yadda ya fito. Ya daɗe yana juya kofin a hannunsa.

"Gudowa na yi, na yi ta tafiya ban san gabas ba ban san yamma ba. Ƙafa ta kumbura, yunwa ta gama da ni. Na zo wani fili na faɗi bayan wata kuka. Wallahi Hajiya, a lokacin ban san ko ina da rai ba. Na ce wataƙila tun ranar suka kashe ni, yawo kawai nake yi. Sai na ji tafiya. Wata mata ce da itace a kai. Na buɗe baki in kira ta, murya ta ƙi fita, sallamar a leɓena kawai ta tsaya, ni kaina ban ji ta ba. Matar ba ta gan ni ba, ko juyowa ba ta yi ba. Tana zuwa daidai kukar sai ta ce, wa alaikumus salam, ta wuce abinta."

Ya ajiye kofin.

"Sai na ce ashe ina nan. Na rarrafa na bi sawunta har gida."

Oga bai kira ni ba, ni ma ban nema ba. Sun buga gyara a shafi na ciki, ƙarami, kusa da tallan maganin basir. Sabi'u yana Kazage yana gyaran mashin, har yanzu akwai masu tsallaka hanya in sun hango shi. Kujerar kuwa ta tafi, kuma ina kewar ta duk ranar Alhamis.

Saboda haka in kun ji ina yi muku faɗa don an yi sallama kuna danna waya kun yi shiru, ba tsufa ba ne ya fara kama ni. Ku ɗaga murya ku amsa, ko ba ku ga kowa a ƙofar ba.